Kwalin cajojin da suka dawo, da musun da muka yi da Yaya

Akwai wani kwali a ƙarƙashin teburin shagonmu, tsohon kwalin sabulu ne, duk cajar da mutum ya saya ya dawo da ita yace ta mutu nan muke jefa ta bayan mun canza mishi. Yaya ne ya kafa dokar tun kafin in fara zama a shagon: garanti wata ɗaya, in ta lalace ka kawo a baka wata, ba musu ba rantsuwa. An san mu da haka a babbar kasuwar Garwa ta arewacin Kamaru, kuma wallahi dokar nan ta riƙe mana kiliyan, wato masu sayayya, fiye da yadda araha zata riƙe su.

To ranar wata Asabar bayan la'asar, kasuwa ta ɗan lafa, Yaya ya jawo kwalin da ƙafa ya kife shi a kan tabarma. Cajojin iri biyu ne. Akwai farare masu doguwar waya, waɗanda wani dattijo yake kawo mana ta hanyar Mubi shekara da shekaru, akwai kuma baƙaƙe da muka fara karɓa wajen wani saurayi mai ɗauko kaya daga Duwala, jirgin ƙasa ya kawo su Ngaundere mota ta ƙaraso dasu nan. Yaya ya ware su gida biyu yana ƙirgawa a fili, yaron shagonmu yana tsugunne yana kwance mishi wayoyin da suka sarƙe. Farare 42. Baƙaƙe 18. Tarin fararen ya yi tozo, na baƙaƙen ko tafin hannu biyu zai kwashe su.

Yace "ka gani ko? ninki biyu har da ɗori. Mutumin nan ya fara kawo mana shara, daga yau na daina karɓar kayanshi." Har ya zaro waya daga aljihu zai kira shi.

Ni kuma abun da ya tsaya min a rai shine ni nake sauke kaya in mota ta zo, bayana ya san kwalayen fararen nan, kusan kullum su nake ɗauka, baƙaƙen kuwa sau uku kacal na tuna an kawo. Nace Yaya don Allah ka dakata min zuwa magariba kafin ka kira shi. Yace me zan dakata, ido ba mudu ba ya san kima. Nace hakane Yaya, amma ka bani zuwa magariban. Ya mayar da wayar yana girgiza kai, yace "to ɗan lekol, je ka buɗe kayenka," lekol ɗin makarantar boko yake nufi.

Na buɗe kaye, littafin da muke rubuta ciniki, na haɗa da faktir, wato rasit ɗin kaya da muke sokewa a ƙusa. Cikin wata shida ɗin da kwalin ya cika, mun sayar da farare 600, baƙaƙe 150. Daga nan magana ta canza gaba ɗaya, don 42 ɗin nan daga cikin 600 suka fito, 18 kuma daga cikin 150. Tarin dake kan tabarma bai faɗi wannan ba, kuma bazai taɓa faɗa ba, don waɗanda basu lalace ba suna can gidajen mutane a maƙale a bango suna aikinsu, babu wanda zai dawo shago yace maka cajata lafiyarta ƙalau.

Na san Yaya, in nace mishi kaso kaza cikin ɗari zai ce na fara turancin lekol, sai na bi ta inda zai kama. Nace Yaya, 150 sau nawa zata shiga 600? Yace huɗu mana, wannan ai ko yaro. Nace to a ce saurayin Duwala shima 600 ya kawo mana irin waɗannan dai, kowane 150 ana dawo da 18, nawa zamu tarar a kwalin nan? Ya ɗan yi shiru yana motsa leɓe, yace 72. Nace to ga 72 ga 42, kuma yanzu dukkansu cikin 600 ne. Ya kalli tarin ya kalle ni. Bai ce na yi gaskiya ba, Yaya baya faɗin haka da wuri, amma wayar bata sake fitowa daga aljihu ba.

Duk dabarar kenan fa, babu wani abu a ɓoye. 18 cikin 150 da 72 cikin 600 abu ɗaya ne aka faɗa da baki biyu, haka 6 cikin 50, haka 12 cikin 100. Muddin abun da ka ninka sama dashi ka ninka ƙasa dashi, ko abun da ka raba sama dashi ka raba ƙasa dashi, to rabon bai motsa ba. Mutum ya zaɓi mudun da ya fi mishi sauƙi ya auna duka biyun dashi. In ɗari kake so: fararen 600 ɗari shida ne, ka raba 42 gida shida ka samu 7, wato 7 cikin kowane 100. Baƙaƙen 150 ɗari ɗaya da rabi ne, 18 ɗin ta zama 12 cikin kowane 100. In kuma kana son irin maganar da ake yi a bakin shago, farar ɗaya ke dawowa cikin kamar 14, baƙar ɗaya cikin kamar 8.

Ranar an yi sa'a 150 ta shiga 600 cif. Ba kullum ake samun haka ba, wataran zaka tarar da 37 cikin 410 da 23 cikin 290 ka rasa ta inda zaka kama. Nan ne ninkin gicciye yake aiki, wanda aka koya mana tun ajin CM2, ajin ƙarshe na firamare, muna shirin CEP, jarrabawar gama firamare. Ka ɗauki lalatattun na farko ka ninka da jimlar na biyu, ka ɗauki lalatattun na biyu ka ninka da jimlar na farko, wanda lambarshi ta fi girma shi yafi lalacewa. A namu 42 sau 150 ya bada 6,300, sannan 18 sau 600 ya bada 10,800, baƙar ce dai a sama. Muna yara haddace shi kawai muka yi kamar karatun allo, sai da na girma a shago na gane dalilin: kamar ka ce kowannensu ya kawo maka guda 90,000 ne, wato 600 sau 150, sai ka duba nawa zasu lalace a na kowa. Mudu ɗaya ne dai aka sake samo musu, babba ne kawai.

Abun da yake bani mamaki shine mutanenmu suna wannan lissafin kullum basu san sunanshi ba. Direbobin Cadi da suke tsayawa wajenmu da riyal suke ciniki, baƙinmu 'yan Nijar da dala, kuma riyal ɗaya ko dala ɗaya sefa 5 ce, mutum bai taɓa shiga aji ba amma kace mishi sefa 700 kafin ka rufe baki yace 140, baya kuskure. Mace zata zo sayen shinkafa ta damƙi hannu ɗaya a wannan buhun ta damƙi hannu ɗaya a wancan ta baza a tafi tana duba tsakuwa, bazata taɓa ɗibar tasa guda a nan da cokali guda a can tace na tasar yafi tsakuwa ba. Amma da zarar an tara mana lalatattun kaya a gabanmu rai ya ɓaci, sai wannan hankalin ya gudu, tarin da yafi tsayi shine mai laifi.

Daren ranar muna cin tuwo a zaure na ba kawunmu labari, shi malami ne, shi ake kira rabon gado a unguwarmu. Yace ai wannan shine abun da suke kira asalin mas'ala. In mamaci ya bar mata da uwa da 'ya'ya, matar tana da sumuni uwar tana da sudusi, ɗaya cikin 8 da ɗaya cikin 6, bazaka iya rabawa ba sai ka nemo lambar da duka biyun zasu shiga, ita ce 24, matar ta ɗauki 3 uwar ta ɗauki 4. Yace zakkar kuɗi ma ai haka take, ɗaya cikin 40, mai jaka 40, jaka ɗaya sefa dubu kenan, in da ta kai nisabi jaka ɗaya zai fitar, mai miliyan ɗaya jaka 25, kuɗin sun bambanta amma nauyin dake kan kowa ɗaya ne. Hatsin da ruwan sama ya shayar ɗaya cikin 10, wanda aka sha wahalar ban ruwa ɗaya cikin 20. Nace Allah gafarta Malam ashe ku kuka riga mu. Ya yi murmushi yace ba mu bane, na gabanmu ne. Kuma hakane, Alkhawarizmi da ya zauna a Bagadaza, a littafinshi na aljabara da ya rubuta wajen shekara ta 820, akwai babi kan cinikayya inda ya nuna duk ciniki lambobi huɗu ne, in ka san uku zaka fitar da ta huɗun, babban kaso na littafin kuma lissafin wasiyya da gado ne. Abun da malaminmu na lekol yake rubuta mana a allo da faransanci yana kira ƙa'idar uku, tsohon abu ne a hannun malamanmu.

Washegari Lahadi muna hanyar kasuwar Pitowa, wani gari kusa da Garwa, a kan moto Yaya ya dawo da maganar ta wata ƙofar, kuma gaskiya tambayar tashi mai kyau ce. Yace to naji baƙar tafi mutuwa, amma ai tafi araha, farar 700 muke sarowa baƙar 650, sefa 50 a kowace ɗaya ba wasa bane. Da muka sauka muka baza kaya na zauna na buga. In ka sari farare 100 ka biya 70,000, guda 7 zasu dawo, masu kyau 93 suka rage, kenan kowace mai kyau ta tsaya maka a kan kamar sefa 753. In ka sari baƙaƙe 100 ka biya 65,000, guda 12 zasu dawo, saura 88, kowace mai kyau ta tsaya a kamar 739. Na so ace lissafin ya goyi bayana gaba ɗaya amma bai yi ba, baƙar har yanzu tafi araha. Sai dai arahar ba 50 bace kamar yadda faktir ya nuna, 14 ce. Na nuna mishi kamar yadda ta fito ban rage komai ba.

Nan muka rabu a ra'ayi kuma har yau bamu gama haɗuwa ba. Shi yana ganin 14 ma kuɗi ce in an tara. Ni kuma ina ganin mutum biyar ɗin nan na ƙari a cikin kowane ɗari, don ni ne nake zaune a bakin shago in sun zo. Na tuna wani ɗan acaba da ya shigo da rana tsaka gumi har cikin ido, ya ajiye baƙar cajar a kan gilas bai ko yi sallama ba, yace daren jiya matarshi tana naƙuda wayarshi ta mutu, ya jona ta tun magariba ashe bata ɗauka, sai da ya buga ƙofar maƙwabci ƙarfe biyun dare. Na canza mishi na bashi haƙuri ya karɓa ya tafi, ban sake ganinshi a shagonmu ba. Wannan babu layin da zan rubuta shi a kaye, amma ya fi sefa 14 nesa ba kusa ba.

A Pitowan ne kuma wani abu ya faɗo min wanda ya ɗan rage min murna da 7 ɗin nan tawa. Ina kallon mutanen da suke saye, manoma ne da Fulani makiyaya daga ƙauyuka, wani sai ya biya kuɗin moto fiye da kuɗin cajar kafin ya iso, wani sai an biya kuɗin auduga zaka sake ganin fuskarshi. Wanene cikinsu zai dawo da cajar jaka ɗaya cikin wata guda? In ta mutu jefarwa zai yi yace Allah ya isa ko yace ƙaddara. Kuma fararen muka fi kaiwa can. Da muka dawo gida na sake raba kayen gida biyu, na shago daban na Pitowa daban, don ina sa alamar P a gefen duk cinikin Lahadi.

Ga abun da ya fito. A shago cikin gari mun sayar da farare 360 an dawo da 36, ɗaya cikin 10 kenan cif. Baƙaƙe 120 an dawo da 17, in ka ninka uku don su kai 360 sun zama 51. Kenan 36 da 51, farar ce dai a gaba, alhamdulillahi hukuncin bai juye ba. A Pitowa kuwa farare 240 guda 6 suka dawo, baƙaƙe 30 guda ɗaya. Wato a ƙauye ɗaya cikin 40 ke dawowa a gari ɗaya cikin 10, caja iri ɗaya daga kwali ɗaya. Zai yiwu wani ɓangare na bambancin daga wuta ne, mu a gari da rani in ruwan madatsar Lagdo ya ja baya ana ɗauke wuta a kawo, kuma dawowar tata da ƙarfi tana kashe ƙananan kaya, ga zafin Maris da Afrilu da yake haura 40, su kuma da yawansu da sola suke caji. Amma zuciyata bata yarda wuta kaɗai bace. Na fi zaton gaskiyar lalacewar farar ta fi kusa da 10 fiye da 7, sauran suna can a ƙauye an yar dasu a bayan danga, kuma haƙƙin mutane ne a kanmu ko basu zo nema ba. Wannan ya dame ni fiye da musun da muka yi da Yaya.

Kuma a sani irin wannan rabawar wataran juyar da hukuncin take yi gaba ɗaya, ba rage shi kawai ba. Da a ce kusan duk fararen ƙauye muka kai, baƙaƙen kuma duk a gari muka sayar, jimla zata iya wanke farar tas alhali ita ce mai matsalar. An taɓa ganin haka a jami'ar Berkeley ta Amurka a 1973, jimla ta nuna an ɗauki kamar 44 cikin 100 na mazan da suka nemi karatun gaba da digiri, mata kuma kamar 35, kowa yace ana danne mata, da aka bi sashe sashe sai aka tarar a yawancin sassan ba haka bane, matan sun fi neman sassan da dama can mutum kaɗan ake ɗauka ko mace ko namiji. Masana lissafi suna jingina abun ga wani Bature mai suna Simpson da ya yi rubutu a kai a 1951. Ni dai abun da na ɗauka shine ko ka daidaita mudu, sai ka duba ko hatsin daga gona ɗaya aka ɗebo.

Yaron shagonmu, ɗan yayarmu ne yana aji huɗu na sakandare, ya ga ina ta bugawa sai yace "Kawu to shagonmu gaba ɗaya 9 da rabi ne cikin ɗari kenan," ya haɗa 7 da 12 ya raba biyu. Nace a'a zo ka zauna. Duka cajojin da suka dawo nawa ne? Yace 60. Duka waɗanda aka sayar? Yace 750. Nace to buga. Ya buga ya samu 8. Ya tsaya yana kallon lambar kamar ta zage shi. Nace mishi fararen sun ninka baƙaƙen huɗu a yawa, dole su ja jimlar zuwa wajensu, ba'a haɗa kaso da kaso a raba biyu sai in tarin biyun girmansu ɗaya. Manya ma suna wannan kuskuren, na sha ji a taron iyayen yara ana haɗa sakamakon aji mai yara 30 da aji mai yara 90 a raba biyu ace shine na makaranta.

Tunda na taɓo makaranta, duk shekara in sakamakon BEPC, jarrabawar ƙarshen ƙaramar sakandare, ya fito zaka ji iyaye suna cewa makaranta kaza yara 45 suka faɗi, wancan kuwa 4 kacal, a cire yaro a mayar can. Ba wanda yake tambayar nawa suka zauna. In mai 45 ɗin yara 300 ta kai, 15 ne cikin ɗari, in mai 4 ɗin yara 20 ta kai, 20 ne cikin ɗari. Balle wadda zata rataya ƙyalle a bakin ƙofa ta rubuta ɗari bisa ɗari alhali yara tara ta kai, raunanan an hana su zama tun farko. Wannan yana min ciwo don iyayen da ake ruɗa da ƙyallen sune waɗanda suka sayar da akuya suka biya kuɗin.

Maganar yara tara ɗin nan ita ta kawo ni kan mutum na uku. Bayan kamar wata ɗaya wani ya zo da wata sabuwar caja ya bamu guda 20 mu gwada, muka sayar, wata ya cika ko ɗaya bata dawo ba. Yaya ya yi farin ciki yace ga wadda bata mutuwa, a yi odar kwali goma. Nace Yaya 20 ta yi kaɗan a yanke hukunci da ita. A cikin 20 guda ɗaya tak in ta dawo ka tashi daga sifili ka koma 5 cikin ɗari, biyu su kai ka 10, alhali a cikin 600 ɗin fararen ƙarin guda ɗaya ko motsa 7 ɗin baya yi sosai. Na ma buga a waya na gani, cajar da take lalacewa 7 cikin ɗari kamar farar tamu, in kana ɗibar 20 20 kana gwadawa, kusan sau ɗaya cikin huɗu zaka samu ashirin ɗin duk lafiya, sa'a ce kawai. Balle shi mai kawo samfur ai ba zai zaɓo maka marasa kyau ba. Lissafin rabo zai karɓi ko wace lamba ka bashi ya mayar maka da ita cikin ɗari, 0 cikin 20 zai ce maka 0 cikin 100 ba kunya, kai ne zaka san iya inda zaka yarda dashi.

Lokaci ma haka. Mu mun yi sa'a iri biyun a wata shida ɗaya muka sayar dasu, zafi ɗaya suka sha wuta ɗaya suka sha. Maƙwabcinmu bakanike yana da masu moto biyu da suke musu kullum, ɗaya yace tashi sau 3 kawai ta kwanta ta ɗan'uwan sau 6, da aka duba agogon tafiya mai 6 ɗin ta ci kilomita 30,000 mai 3 ɗin 9,000, wato waccan sau ɗaya a duk 5,000 wannan sau ɗaya a duk 3,000. Musun bai ƙare ba amma dai ya rage ƙara.

Wani abu kuma da lamba bata faɗa shine irin lalacewar. Mu masu harkar waya bamu manta da Galaxy Note 7 ba. A farkon Satumba 2016 Samsung ta sanar da janye wayoyi kamar miliyan 2.5 bayan an tabbatar da matsalar batir a guda 35. In ka buga, 14 ne cikin miliyan, ɗaya cikin sama da 70,000, a kusa da 7 cikin ɗari ɗin cajarmu wannan kamar babu ne. Amma batirin wuta yake kamawa, a aljihu ko a kan katifa ko a cikin jirgi, zuwa Oktoba aka daina ƙera wayar gaba ɗaya, kamfanonin jiragen sama suka hana shiga da ita. Da na tuna wannan sai na koma kan tabarma na ɗauki cajojin ɗaya bayan ɗaya ina juyawa ina shinshinawa. Fararen yawanci wayar ce ta karye daga wuya, kan lafiyarshi lau. Cikin baƙaƙen 18 na samu 3 da robar ta narke ta yi baƙin tabo wajen ƙarfen, warin ƙuna har lokacin bai fita ba. Cikin fararen 42 ban samu ko ɗaya mai irin wannan ba. Na jera ukun a kan gilas ban ce komai ba, Yaya ya ɗauki ɗaya ya kai hanci ya ajiye, yana da yara ƙanana da suke kwana ɗaki ɗaya da inda yake jona waya.

Dattijon Mubi har yau bai san an kusa yanke shi ba, ya zo da kaya satin da ya wuce Yaya ya sa aka kawo mishi shayi, sai dai ya roƙe shi ya nemo masu ƙarfin wuya ko da ƙarin sefa 25 ne. Na Duwala bamu rabu dashi ba, muna karɓar gilashin waya da iyafis a wajenshi, cajar ce aka tsayar, na kuma nuna mishi ukun da suka ƙone ya ɗauki hotonsu yace zai tura ma wanda yake sarowa a wajenshi. Mutum na ukun mun karɓi 200 maimakon kwali goma, na ware musu shafi daban a kaye, layi ɗaya na waɗanda suka fita layi ɗaya na waɗanda suka dawo, da P ɗina a gefe. A Pitowa kuma na roƙi Yaya ya yarda garantin mutanen ƙauye ya zama wata uku, ya ja ya ja ya tsaya a biyu, yanzu duk wanda ya saya ina rubuta kwanan wata da bik a jikin kwalin cajar in ce mishi baba in ta mutu kar ka yar, ko bazaka zo ba ka ba wani mai zuwa kasuwa ya kawo. Lahadin da ta wuce wani tsoho ya kwance bakin rawaninshi ya fito da guda biyu, ɗaya tashi ɗaya ta maƙwabcinshi, duka farare, na canza mishi na rubuta su a layinsu.